Ranar da Zaren Raɓa Ya Saki

"Na hwaɗa ma mutanen Bodinga su yi haƙuri, Safinatu. Wanga aure ba shi yiwuwa."

Malam Manu bai ɗago ya dubi ɗiyarsa ba da ya faɗi haka. Yana zaune a gindin tsamiyar tsakar gida, yana ta gyaran igiyar guga wadda babu abin da ya same ta.

Safinatu tana durƙushe a gefe, kanta a ƙasa. Hawaye suka fara ɗiga a bayan hannunta.

"Baba, mi Lirwanu ya yi?"

"Bai yi komi ba. Yaro na mai hankali, ɗan mutunci, kowa ya shaide shi. Da ɗan wani gida na, wallahi da tuni na ba shi ke."

"To, Baba..."

"Ke ma kin sani, ɗiyata. In kinka tare Bodinga, wa za shi riƙe muna zare nan Shagari? Ga Attahiru ɗan ƙanena, kullum sai ya aiko neman aurenki. Gida guda, gari guda. Ba ni yi miki tilas, ban taɓa ba, ba ni kuwa farawa yau. Amma ki duba, tsararrakinki duk suna da goyo."

Ta buɗe baki za ta yi magana, kuka ya ci ƙarfinta. Ta tashi da gudu ta faɗa ɗakin kakarta Hajo.

To, bari in tsaya in warware muku, don na san wani zai ce Malam Manu mugun uba ne. Wallahi ba haka ba ne, kada ku ɗauki alhakin bawan Allah.

A wancan zamani, da tutar Sakkwato ke kaɗawa, tun ba a san Nasara ba a ƙasar nan, akwai wata sana'a da gida biyu kaɗai suka gada, ɗaya a Shagari, ɗaya a Bodinga. Jan raɓa ake ce mata. Tsofaffi sun ce bayan wannan duniya tamu akwai wata, Ƙasar Damina, inda ruwa ba ya ɗaukewa, ɗan Adam kuwa ba ya iya taka ta. Amma zare yana iya ratsa ta.

Idan rani ya tsananta, rijiyoyi suka fara ja da baya, sai mace daga gidan Shagari ta zauna bakin tsohuwar rijiya bayan sallar asuba, ta yi bisimilla, ta shafa alli a yatsu, ta murza mazari. Bakin zaren sai ya sauka cikin rijiya, kafin ya kai ga ruwa ya ɓace. Can a rijiyar Bodinga zai ɓullo, sanyi ƙalau, yana wani ƙyalli kore-kore. Namiji daga gidan masaƙa yana jira da kwarkwaro, ɗan itacen naɗin zare, ya kama ya yi ta naɗewa. Muddin zaren ya miƙe tsakaninsu, ƙarfin waccan ƙasa sai ya biyo shi, rijiyoyin biyu su cika. Da wannan ruwa ake ban ruwan albasa, da shi shanu ke kai wa damina.

Malamai sun bincika tun zamanin kakanni. Suka ga ba yanka, ba kiran kowa sai Allah, suka ƙyale.

Doka ɗaya ce a sana'ar: mai kaɗi da mai naɗi ba sa zama gari ɗaya.

Safinatu ce mai kaɗin Shagari tun da yatsun Hajo suka ƙage. Lirwanu ne mai naɗin Bodinga. Ba su taɓa ganin juna ba, ko daga nesa. Amma jama'a, zaren nan ba ruwa kaɗai yake ɗaukowa ba. Ran da ta kwana da zazzaɓi, sai ta ji ja ya yi laushi, ana lallaɓa ta. Ran da mahaifiyarsa ta rasu, ta ji nauyin a ƙirjinta tun labari bai iso ba, ta yi ta kuka ba ta san dalili ba. In ta yi dariya, kwarkwaro sai ya yi rawa a hannunsa, shi ma ya kama murmushi shi kaɗai har a fara kallonsa. Rani bayan rani haka. Wa zai ce musu kada su so juna?

Washegari da sassafe Safinatu ta zauna bakin rijiya, idanunta a kumbure. Hajo ta zauna kusa da ita a kan turmi. Mata sun jeru da tuluna, masu albasa sun tsaya da gugansu.

Ta murza mazari. Zare ya sauka, ya ɓace yadda ya saba. Ta jira a ja.

Shiru.

Ta sake murzawa. Zaren ya yi lagwab a hannunta, ba wanda ya kama shi a can.

"Kaka," ta ce, "ba shi nan."

"Ƙila barci ya kwashe angon naki," in ji Hajo, amma ita ma fuskarta ta canza.

"Bai taɓa makara ba. Ko ran da anka rufe innarshi sai da ya zo. Kaka, wani abu ya same shi! Ko maganar Baba ta... Innalillahi!"

Hantsi ya dubi ludayi, ruwa bai motsa ba. Wata mata ta zura guga, ta jawo rabinsa laka. Gunaguni ya fara tashi. Ana cikin haka Attahiru ya iso bisa dokinsa, shanunsa na biye suna kuka.

Attahiru ba mummuna ba ne, ba kuma mugu ba. Sai dai in ya so abu, gani yake an riga an rubuta masa.

Ya sauka ya leƙa rijiya, ya dubi Safinatu.

"Ƙanwata, kin gani ko? Jiya anka hana shi, yau ya yi fushi ya bar gari biyu da ƙishirwa. Wanga shi na kike ƙi na saboda shi?"

"Yaya Attahiru, don Allah ka bar ni."

"Ni ina nan inda kike ganina, safe da marece. Shi ko kamanninshi ba ki sani ba."

"Na san shi," ta ce a hankali. "Na san shi hiye da kowa."

Attahiru ya kau da kai. Maganar ta soke shi, kowa ya gani.

Sai ga sallama daga bayan taro.

Wani saurayi ne dogo, siriri, ƙafafunsa fururu, rigarsa ta jiƙe da gumi. Bai dubi kowa ba. Idonsa ya sauka kan mazarin da ke hannun Safinatu, daga nan ya hau zuwa fuskarta, ya tsaya cak.

Ita kuma hannunsa na dama ta kalla. A ɗan yatsansa akwai wani zurfin kanta, daidai inda zare ke bi.

Mazari ya suɓuce mata.

"Kai na?" ta ce.

"Ni na, Safinatu."

Wayyo Allah! Ban san yadda zan kwatanta muku ba. Ta ja mayafi ta rufe fuska don kunya, ta sake buɗewa don kada ya ɓace, tana kuka tana dariya. Shi kuwa ya rasa inda zai sa hannuwansa.

"Oho," in ji Hajo, tana ƙare masa kallo sama da ƙasa. "Ashe dai ba gurgu ba na. Ke kin yi sa'a, 'yar nema. In ba ki so, ni ina so."

Har masu gunaguni sai da suka dara.

Malam Manu ya ratso taro, don an riga an kai masa labari. Lirwanu ya zube ƙasa.

"Allah shi gafarta Malam. Allah shi ƙara girma. Na yi laihi, na zo ba da izini ba."

"Wa ka bar ma rijiyarku?"

"Ba kowa, Malam. Amma ga shi na taho da shi." Ya zaro kwarkwaro daga aljihu, baƙi wul don tsufa. "Jiya da kawunnaina sunka komo da amsarka, ban iya zama ba. Na kamo hanya, na kwana Dandin Mahe. Na yi tunani, Malam, tun kakanni ana cewa ba a zama gari guda, amma ba wanda ya taɓa gwadawa. Ƙarhin ga kwarkwaro yake, da mazari. In ta kaɗa nan, na naɗe nan, ruwa ya zo, to sai in tattaro in dawo Shagari. Ko bara na yi, na yarda."

Malam Manu ya dubi mahaifiyarsa. Hajo ta sunkuyar da kai.

"Gwada," in ji shi.

Lirwanu ya zagaya ya tsaya a ɗaya gefen rijiyar, ya miƙa kwarkwaro. Safinatu ta ɗauki mazari. Ta yi bisimilla, ta murza.

Zare ya sauka. Ya sauka. Bai ɓace ba.

Kowa yana gani ya ci gaba da sauka har ya taɓa lakar ƙasa, ya kwanta a ciki, zare kamar kowane zare.

Ta sake. Ta kuma sakewa, har alli ya ƙare a yatsunta. Lirwanu yana tsaye da hannu a miƙe, gumi na zuba, yana motsa leɓe da addu'a. Ba abin da ya zo.

Wata saniya ta yi wani dogon kuka. Mata suka fara ɗaukar tulunansu wayam.

"Ka gani da idonka, ɗana," in ji Malam Manu, ba da faɗa ba. "Can Bodinga ma haka suke tsaye yanzu. Ka sha hura, ka huta, ka koma."

Da azahar Hajo ta sa aka shimfiɗa wa baƙo tabarma a zaure. Ta zauna a tsakani, Safinatu na bayanta. Kwanon fura na gaban Lirwanu, bai taɓa ba.

"Na kunyata ki gaban garinku," ya ce. "Ki gahirce ni."

"Ka kunyata ni? Kai da ka tako tun daga Bodinga don ni?" Ta share ido. "Da sahe na zaci mutuwa ka yi. Wallahi da na ji zaren nan ba kowa, sai na ji duniya ta yi mini faɗi. Ka zo, na gan ka. Ko yau na mutu, na gan ka."

"Kada ki hwaɗi haka. Ni ban san mi za ni yi ba, Safinatu. Ga ki nan kusa, amma kin san wani abu? Ban jin ki. Kullum da sahe ina jin bugun zuciyarki ga hannuna. Yau ina kallonki, hannuna wayam."

"Ni ma haka," ta ce, ta fashe da kuka.

Hajo ta bar su suka yi mai isarsu, sannan ta buga sandarta a ƙasa.

"To, ya isa, kada ku cika muna zaure, rijiya na can ba ruwa. Kai, ɗan masaƙa, wa ya ce maka ƙarhin ga wanga ɗan icce yake? In ka so ka jefa shi wuta, ka sassaƙa wani. Bege na ke jan zare. Zuciyar da ke nan tana neman wadda ke can, ba ta samun hanya nan duniya, sai ta ratsa ta waccan. Ruwan biyo ta yake yi. Yau da kunka tsaya ido da ido, mi za ta ratsa ta nema?"

Suka zuba mata ido.

"Kuna zaton ku kunka fara? Ni da kakanka Amadu munka riƙe wanga zare tun ina budurwa har na yi furfura. Ban taɓa ganin hancinshi ba. Na yi aure, na haihu, mijina mutumin kirki, Allah shi jiƙanshi. Amma ran da Amadu ya cika, ina bakin rijiya, na ji an saki hannuna." Ta gyara ɗaurin kallabinta. "An ce wai gajere na, mai ƙaton kai. Ni dai ban yarda ba."

Safinatu ta kama hannun kakarta ta riƙe. Can sai ta ɗago.

"Kaka, da damina fa?"

"Da damina mi?"

"Da damina ba a jan raɓa. Daga ruwan fari har a kai gero rumbu, mazari na rataye."

Hajo ta juyo. Ta dubi jikarta kamar yau ta fara ganinta.

Safinatu ba ta jira ba. Ta tashi ta shiga gida, ta durƙusa gaban mahaifinta.

"Baba, ka gahirce ni, yau za ni yi rashin kunya. Ka ba ni shi damina kaɗai. In ruwa ya sauka in tare Bodinga, in anka yi girbi in dawo ɗakina, in ɗauki mazarina. Ban ce a ba ni shekara duka ba."

"Subhanallahi! Wane irin aure na wanga? Rabin shekara da miji, rabi ba miji?"

"Matan fatake fa, Baba? Su ma haka suke, ba su ko jin mazansu ga hannu."

Malam Manu ya dube ta.

"Inna ta gaya muku abin da ke jan zare, ko? To, ki ji tsorona. Wanda bai samu ba shi ke bege. In kinka zauna da shi, kinka san tarinshi da minsharinshi, kunka saba, ranin baɗi ki murza mazari zare shi kwanta cikin laka kamar yau, mi za ni ce ma Shagari? Mi za ni ce ma Bodinga?"

"Ban sani ba, Baba," ta ce, hawaye na zuba. "Ba ni yi maka ƙarya, ban sani ba. Ni dai ina jin ba ya ƙarewa."

"Tashi ki tahi. Yaron nan shi kama hanya tun rana ba ta yi sanyi ba."

A ƙofar gida suka yi sallama, Hajo na tsaye tana tsaron mutunci. Lirwanu ya kasa ɗaga ƙafa.

"Ce mini in zauna," ya ce. "Ki ce kawai."

"Koma, Lirwanu. Shanu na kuka, yara na jin ƙishirwa. Koma, in ji ka gobe."

Sai ga Attahiru ya jawo dokinsa, fuska a murtuke, ya miƙa masa linzami.

"Hau. Da ƙafa ba ka kai Bodinga kahin asuba. Kada ka gode mini, ba don kai na yi ba, don shanuna na. Kuma ban janye ba, ka sani."

Lirwanu ya hau. Ya waiwayo, ya sake waiwayowa, har kukokin bakin gari suka ɓoye shi.

Da gari ya waye, rabin Shagari na bakin rijiya. Safinatu ta zauna. Yanzu ta san fuskarsa, ta san muryarsa, ta san yadda yake sunkuyar da kai in ya ji kunya, ga shi kuma ba ya nan. Ta yi bisimilla da ƙyar, ta murza.

Zare bai ko kai rabin rijiya ba ya ɓace. Aka fizge shi da wani irin ƙarfi har ya tsaga mata yatsa.

"Ya kama!" ta ce. "Kaka, ya kama!"

Zaren ya miƙe, ya yi ƙyalli har yana haska bangon rijiya. Wani sanyi ya taso, da ƙamshin ƙasar da aka yi wa ruwan fari. Sai ƙugi daga can ƙasa. Ruwa ya yi ta hawa, ya wuce inda ya saba tsayawa, ya wuce inda tsofaffi suka taɓa gani, ya kawo baki, ya malalo kan ƙafafun mutane.

Guɗa ta kaure. Yara suka faɗa suna wasa, shanu suka kutso, masu albasa na ta kabbara.

"Allah shi bar muna ku haka!" in ji wani tsoho da murna. "Ita nan, shi can, har abada!"

"Amin! Amin!" jama'a suka amsa.

Safinatu ta ji su sarai. Ba ta saki mazari ba. Tana kaɗi, jini na bin zare, kafaɗunta na girgiza, ba mai kallonta.

Mutum ɗaya ne ya kalle ta. Malam Manu ya zo da butarsa zai ɗiba. Ya tsuguna, ya cika ta, ya zuba a tafin hannu. Sai ya tsaya. Ya dubi ruwan, ya dubi ɗiyarsa. Ya daɗe a haka.

A hankali ya tuntsurar da butar, ya miƙe.

"Jama'a, ku saurara."

Aka yi tsit.

"Wanga ruwa hawayen ɗiyata na. Ku sha, halal na gare ku. Ni dai ba ni iya alwala da shi." Ya juya wajen Attahiru. "Attahiru, ka yi haƙuri, ɗana. In ka tahi karɓo dokinka, ka gaya ma mutanen Bodinga, ran da ruwan fari ya sauka su kawo goro."

"Malam!" in ji tsohon nan. "In zare ya mutu baɗi fa?"

"In ya mutu, ni za ni fara ɗaukar tulu zuwa gulbi. Ku biyo ni ko ku zage ni, duk na ɗauka."

Safinatu ta so ta tashi ta faɗi a ƙafafunsa, amma zare na hannunta, ba dama. Ta dube shi kawai.

"Riƙe da kyau, ɗiyata," ya ce, yana share ido da hannun riga. "Kada ki saki mijinki."